Faruku Mai Kamara da Ƙeyar Ubansa

In dai an ɗaura maka aure tsakanin Dungas da Yekuwa cikin shekaru goma sha ukun nan, ko an yi maka suna, ko ka je cin shinkafar bikin da ba a gayyace ka ba, to fuskarka tana wurin Faruku. Yana da ta liman, yana da ta mahauta, yana da ta matar nan ta Sassumbrum da kamara ta kama tana ɗura naman biki a leda. Ni kaina Zalika yana da ni kala-kala, har da wadda nake hamma, ya ce duk ranar da na ƙara ce masa mai kunnen jaki zai haska ta a kasuwa. Ya haska mana! Taubashina ne, innata da ubansa ciki ɗaya suka fito, don haka abin da na ga dama shi zan faɗa a kansa, ba mai hana ni.

Fuska ɗaya ce babu a cikin na'urarsa duk faɗin ƙasar nan, ita ce ta ubansa, Kawu Maiwada.

Ba faɗa suka yi ba. Faruku ɗan fari ne, kunyar ɗan fari kuwa a gidanmu ba irin ta mutanen yanzu ba ce, da za ka ga uba ya saɓa ɗansa na fari a kafaɗa yana zaga kasuwa da shi. Kawu bai taɓa kiran sunansa ba, bai taɓa dubansa ido da ido ba, bai taɓa ce masa "kai" ba. Ranar da aka yaye shi aka ɗora shi a amalanke aka kawo wa innata Fadi a Yekuwa. Nan ya tashi. Kwano ɗaya aka riƙa zuba mana muna ƙanana, ko in ce shi ya ci ni na kalla, don tun a lokacin hannunsa ya fi nawa sauri.

Daga nan sunansa a bakin Kawu ya zama "mutumin Yekuwa". In wani Farukun daban ya zo sayen dutse, Kawu sai ya kira shi "mai sunan mutumin Yekuwa". In namu ya zo gaisuwa, ya durƙusa ya sunkuyar da kai, Kawu sai ya dubi wanda ke kusa ya ce, "A tambayi mutumin Yekuwa ya hanya." In ba kowa a kusa, san amalankensa yake aika. Wallahi da kunnena na ji. Ya ce, "Kai Baƙi, ce masa ya gaida mutan gida." Sa yana tuƙa abinsa, Faruku kai a ƙasa yana cewa, "Za su ji."

Kawu mahaƙin marmara ne. Gabas da garin Dungas, in ka wuce gonakin gyaɗa, akwai inda yashi ya ƙare jan dutse ya fara. Masu boko suna ce wa wurin kariyar, mu Rami kawai muke cewa. Kakanmu ne ya fara saransa don ɗaurin rijiya, lokacin zurfinsa bai kai gwiwa ba. Yau in ka tsaya a baki ka leƙa, mutanen da ke ƙasa ba su fi awaki girma ba a ido. Da rani ake aikin, da diga da guduma da dogon ƙarfe. Damina na sauka ruwa ya cika shi, kowa ya ɗauki hauya ya nufi gona. Kawu ya shiga Rami yana ɗan shekara goma sha huɗu, kuma har gemunsa ya yi fari bai fito ba.

Shi kuwa Faruku ba a haife shi don diga ba. An sa shi lakwal, makarantar boko, ya gudu. An kai shi wurin tela, ya ɗinka wa wani wando ƙafa ɗaya ta fi ɗaya. Sai ya tsallaka Kano, ya yi shekara shida wurin wani mai hoto yana riƙe masa fitila, ya dawo da kamara da ordinater, wato kwamfuta, da tafiya irin ta wanda ya ga duniya. Ya buɗe shago kusa da tasha, inda 'yan kabu-kabu ke jiran fasinja. Abin da ya sa aka so shi, ado. A bidiyon Faruku amarya ba ta tsayawa haka nan, sai furanni sun zagaye ta, kurciyoyi biyu sun tashi daga kafaɗarta, fuskarta ta juya sau uku ta koma cikin agogo. Kuma ba ya barin kowa. Sau ɗaya ya yanke goggon wani ango daga fim, matar ta yi shekara uku ba ta amsa sallamarsa ba. Tun daga ranar, bikin wuni ɗaya awa huɗu yake fitowa.

Bara da rani wata mata ta sauka a tasha da jaka a baya, tana tambayar mai kamara. Madam Aziza sunanta, 'yar Damagaram. Aikinta fim ne na gaskiya, wanda ba wasan kwaikwayo a ciki. Ta ce tana tara gajerun fina-finai a kan ramukan da ake haƙa a sarari da tsofaffin masana'antu, tun daga manyan ramukan arewa inda tayar mota ta fi ɗaki tsawo, har injinan matsar gyaɗa da aka rufe tun muna yara. So take 'yan kowane wuri su ɗauki nasu da hannunsu. Faruku ya kunna mata biki ɗaya. Ta kalli minti goma, ta cire tabarau ta share hawayen dariya. Ta ce hannunsa ba ya rawa, kuma ya san haske, sauran kuwa sai an yi gyara. Ta tafi da shi Damagaram mako guda.

Ya dawo da hula mai baki da sababbin dokoki. Ba fure, ba kurciya, ba kiɗa. Ba wanda zai yi ado. Minti ashirin kacal. A gama kafin ruwan farko ya cika Rami. Sannan dole a sami dattijo ɗaya wanda ya san wurin tun tushe, ya zauna ya fuskanci kamara ya ba da labari da bakinsa.

To wa ya san Rami tun tushe? Ko jaririn goye ka tambaya zai nuna maka gidan Maiwada. Ga shi Kawu ya riga ya sanar cewa ranin nan ne na ƙarshe, gwiwoyinsa sun ƙi hawa da sauka, in ruwa ya zo ya ajiye diga ke nan.

Faruku ya same ni a rumfata ina suyar ƙuli-ƙuli, don aure ya kawo ni Dungas tuntuni. Ya zauna a kan turmi ko tayi ban yi masa ba, ya ɗebi ƙuli mai zafi ya ce, "Zalika, na shiga uku."

Na ce, "Tun ranar da aka haife ka kake ciki. Ajiye mini ƙulina."

Ya ce, "Da gaske nake. Yaya zan yi tsoho ya dubi kamara, alhali kamarar a idona take?"

Na ce ya nemi wani tsohon mana, Rami ai ba na mutum ɗaya ba ne. Sai ya ajiye ƙulin, abin da ban saba gani ba. Ya ce, "Ba don Madam ba ne. In tsohon nan ya faɗi gobe, ina da fuskar mai kwasar shara a tasha, ba ni da tasa. Sai ta katin ɗan ƙasa da zufa ta goge. Me zan nuna wa 'ya'yana? Ni kaina in aka ce in faɗi kamanninsa, ƙafafunsa kaɗai na sani."

Tausayinsa ya kama ni, amma ban nuna masa ba, kada ya saba. Na ce zan raka shi, da sharaɗin ya goge hoton hamma. Ya ce ya goge. Ƙarya yake, yana nan.

Ranar farko muka isa Rami da hantsi, ni ina riƙe wa kamara laima. Me za mu gani? Mahaƙa ashirin da uku sun jeru a ƙasan rami cikin shadda mai guga, ƙamshin turare har baki. Sabo, ƙanen Faruku, ƙato mai 'ya'ya biyar, ya aro takalmi sau-ciki yana ɗingishi a kan tsakuwa. Wani ya zo da sabuwar rediyonsa ya rungume. Matan da ke tankaɗen tsakuwa sun sha lalle, har da mai kalangu suka ɗauko. Yo me suka sani? Duk wanda ya ga Faruku da kamara ya san biki ne. Ya yi ta roƙo a koma a sa kayan aiki, suka ce Allah ya kiyaye, a kai su Damagaram a nuna wa duniya da yagaggen wando? Sai da ya yi alkawarin zai yi musu nasu daban, da fure da kurciya, kowa ya fito, sannan aka daidaita. Kwana biyu ya kashe yana ɗaukar ƙatti suna murmushi da diga a kafaɗa kamar angwaye.

Kawu kaɗai ya zo da tsohuwar rigarsa. Yana can kusurwar arewa yana sara, ya ba mu baya.

Da aka koma aiki na gaskiya, Faruku ya sami abin da yake so wurin kowa. Ya ɗauki yadda ake tsaga layi da diga, yadda ake cusa ƙarfe a ɗaga dutse, yadda ake miƙa shi hannu da hannu har bakin amalanke. Sai ya nufi kusurwar arewa. Ya bi ta gabas, Kawu ya juya yamma. Ya zaga ta yamma, Kawu ya ga wani dutse a gabas da ke bukatar sara. Ba gaggawa, ba fushi, ko kai bai ɗaga ba, amma duk inda Faruku ya tsaya ƙeya ce ke gaishe shi. Suka yi ta zagaye kamar jaki da turke har azahar, mahaƙa sun ajiye aiki suna riƙe ciki.

Kashegari ya zo da dabara. Tun kafin Kawu ya iso ya kwanta a cikin amalanke, na rufa masa tabarma, ya bar ƙaramar kafa don idon kamara. Kawu ya zo ya tsaya ta baya. Ya daɗe yana duban tabarmar, sannan ya ce, "Baƙi, yau tabarmarka numfashi take. Kada iska ta ɗauke ta." Ya ɗauko dutse ya ɗora a hankali. Ya ƙaro wani. A na huɗu Faruku ya ce "Wayyo!" ya fito yana riƙe da ƙugu. Kawu ya riga ya koma bakin aikinsa, amma na ga kafaɗunsa suna rawa.

Na ce a ba ni kamarar ni in ɗauka, ai ni ba ya kunyata. Kun san Faruku da kamara, ya fi yarda ya ba ka aron matarsa. Da ƙyar ya rataya mini ita, ya koma bayan wani gawo a bakin rami. Na ce, "Kawu, yaya aka fara Rami?" Kafin ya buɗe baki sai murya daga sama: "Zalika, ɗaga hannu! Kin karkace! Cire yatsa!" Kawu ya ji muryar, ya gyara zama ya ce, "To, alhamdu lillahi. Aiki ne, ana yi." Iyakar abin da ya faɗa ke nan. Da muka duba abin da na ɗauka, sararin sama ne, da babban yatsana, da takalmin Kawu na hagu.

Faruku ya tura wa Madam Aziza abin da ya samu. Ina wurin ta kira, ya buɗe salula kowa na ji. Ta ce, "Malam Faruku, na kalli minti arba'in na ƙeyar mutum ɗaya. Ƙeya ce mai kyau, ba ni da ja. Amma mutumin nan ba shi da gaba ne?" Ya yi mata bayani. Ta ce ta san kunya, ita ma 'yar fari ce, amma nata uban har kiranta yake ya tambayi farashin shinkafa. Ta ce ya nemi wani dattijon, lokaci na tafiya. Ya ce to. Yana kashe salula ya ce, "Ba wani dattijo."

Lokacin kuwa da gaske tafiya yake. An gama sharar gonaki, zafi ya kai inda ya kai, hadari ya fara leƙowa ta gabas da la'asar yana komawa. Mahaƙa suka fara kwashe kayansu ɗaya-ɗaya. Faruku ya daina dabara. Kullum sai ya zo ya zauna a bakin Rami da kamara a cinya, bai ɗauka ba, bai tafi ba. Ya rame, har 'yan kabu-kabu suna tambayata ko matarsa ta yi yaji.

Wata Laraba da safe na kai wa Kawu fura. Ya sha, ya goge gemu, ya nuna sandar nan mai ƙafa uku da Faruku ke ɗora kamara a kai. Ya ce, "Zalika, abin can yana iya tsayuwa shi kaɗai?"

Na ce, "Yana iyawa, Kawu."

"Ba sai da ido a bayansa ba?"

"Ba sai da shi ba."

Ya ce, "To ki gaya wa mutumin Yekuwa ya kafa shi a nan ya tafi. Ke ma ki tafi. Kowa ya hau sama, har inda ba a jin tarina."

Kai! Da kun ga gudun Faruku. Ya sauko yana tuntuɓe, ya kafa ƙafa uku a gaban wani faffaɗan dutse, ya zaunar da ni a kai ya gwada tsawo, ya maƙala ɗan mikro mai ɗaukar murya a jikin diga. Duk wannan Kawu yana duban bango. Faruku ya danna, jan haske ya kama, muka kwashe kowa muka hau, muka tafi har gindin tsamiyar da ke bakin hanya. Sabo ya ce wallahi tsoho barci zai yi a gabanta. Sama da awa guda muna zaune, Faruku ya tsinke duk ciyawar da hannunsa ya kai. Can sai ga Kawu ya fito da amalankensa, ya wuce mu.

Bayan azahar muka shiga shago mu biyu, Faruku ya rufe ƙofa ya kunna ordinater. Sai ga Kawu zaune a kan dutse, hannu a gwiwa, yana kallonmu. Nan take Faruku ya sunkuyar da kai. Na ce, "Kai mai kunnen jaki, hoto ne fa! Wata biyu kana neman abin nan." Ya ce ya sani, amma wuyansa ya ƙi. Ya juya kujera gefe ya kafa ido a kan takalminsa, ya ce in kalla masa, shi zai saurara.

Kawu ya fara da sallama. Ya jira a amsa. Da ya ji shiru sai ya ce, "To, ba laifi," ya gaida kamarar da gajiya, ya tambaye ta iyali. Na yi dariya har na ƙware. Amma da ya shiga maganar dutse sai na nutsu, don ban taɓa jin ya jera magana haka ba. Ya ce na sama ɓawo ne, marmashewa yake, ba a gini da shi. Na tsakiya ja, shi ne dutse. In ka ga fari-fari ya fara fitowa ka tsaya, ruwa na kusa. Ya ce marmara da taushi take fitowa, rana ce ke ƙarfafa ta, shi ya sa ake gyara mata kusurwa tun a ƙasa. Ya buga ƙarfe a kan wani dutse ya ce a ji, wannan lafiyayye ne. Ya buga wani ya ce wannan da tsaga a cikinsa, ko an kai shi gini zai ci amana. Ya lissafa rijiyoyin da ubansa ya ɗaure. Ya kira sunayen mutum huɗu da suka yi aiki tare suka riga shi tafiya, ya yi musu addu'a, ya shafa.

Sai ya waiga dama, ya juya jikinsa duka ya duba hagu. Ya tashi ya matso har fuskarsa ta cika allon, ya ce, "An ce ba kowa a cikinki, ko?"

Jin muryar ta matso ne ya sa Faruku ɗaga kai bai shirya ba. Ya duba. Na ga bakinsa ya buɗe. Ya danna ya tsayar da hoton.

Ya ce, "Zalika, me ya sami idonsa?"

Na ce, "Wane ido?"

"Na hagu. Ya yi fari."

Idon Kawu na hagu ya mutu shekara goma sha huɗu ke nan. Ɓarɓashin dutse ne ya fantsama ya shige shi, Faruku yana Kano a lokacin, Kawu ya ce kada a tayar wa mutumin Yekuwa da hankali. Da ya dawo maganar ta tsufa. Duk garin nan an sani, yaran da ke kiwon awaki sun sani. Ba wanda ya taɓa kawowa a ransa cewa akwai mutum ɗaya da ba ya ɗaga kai ya gani. Ni da nake taƙama na san Faruku ciki da waje, ni ma ban kawo ba. Kunya ta kama ni irin wadda ban taɓa ji ba, na faɗa masa yadda aka yi.

Ya danna hoton ya ci gaba, wannan karon bai sunkuya ba.

Kawu ya ce, "Idon nan Rami ya karɓa, ban yi jayayya ba, ya ciyar da ni shekara hamsin. Abu ɗaya ne. A zaure nake zama, bango a damana, ƙofa a haguna. Mai shigowa gaisuwa ta hagu yake durƙusawa. Da can in mutumin Yekuwa ya sunkuya, nakan saci kallonsa ta wutsiyar ido, ba wanda ya sani. Haka ubana ya yi da yayana, haka kowa ke yi. Tun da idon nan ya tafi, sai dai in ji murya. In na juya kai don in gan shi, an ga na duba ke nan. In na ce a ce masa ya sake wuri, za a ce don me." Ya yi tari, ya goge baki. "Sai in ya tashi zai fita nake ganin bayansa. An ce yana kuka wai ƙeyata kaɗai ya samu. To ni ma ita nake samu."

Ya tsaya kamar zai ƙara, sai ya ce, "Wannan ba na Damagaram ba ne." Ya koma kan dutsensa ya zauna, ya ci gaba da bayanin yadda ake wasa bakin diga.

Faruku ya kifa kai a kan tebur. Na fita na ja masa ƙofa, na tsaya a waje ina korar masu zuwa karɓar hoto, na ce mai shago ba ya jin daɗi.

Ranar Juma'a aka yi ruwan farko, kafin Lahadi Rami ya zama tafki. Fim ya tafi wurin Madam Aziza minti ashirin cif, da bayanin dutse, da sunayen mutum huɗu. Abin da Kawu ya ce ba na Damagaram ba ne bai je Damagaram ba.

Amma kafin ruwan, ranar Alhamis da sassafe, Faruku ya biyo ta gidana ya ce in raka shi gaisuwa. Ba kamara. Muka tarar da Kawu a zaure a kan buzunsa, yana jan carbi. Na durƙusa ta wajen ƙofa inda kowa ke durƙusawa. Faruku ya yi sallama, ya wuce ni, ya bi ta gaban Kawu a sunkuye. Tsakanin Kawu da bangon damansa wurin bai fi kamu uku ba, kuma nan buta take, da sanda, da ƙwaryar goro. Ya ɗauke buta. Ya jingine sanda a wani wuri. Ya cusa kansa a lungun, ƙato da shi, gwiwa ɗaya a jikin bango, kafaɗa ta goge farar ƙasa. Ya cire hula ya sunkuyar da kai ya ce, "Barka da asuba."

Kawu bai juya ba. Fuskarsa tana kallon gaba kamar kullum. Amma carbin ya tsaya a hannunsa, kuma ni daga inda nake ina ganin inda idon dama ya tafi. Ya daɗe a can. Ban taɓa jin gaisuwa ta yi tsawo haka ba tare da an ce komai ba. Akuya ta leƙo ta koma.

Can Kawu ya gyara murya ya ce, "Zalika."

Na ce, "Na'am, Kawu."

Ya ce, "Yaushe ya yi furfura?"

Na buɗe baki in ce tsiya ce ta fito masa a ka, sai na fasa. Na ce, "An kwana biyu, Kawu."

Ya ce, "To. Ki ce masa kada ya yi saurin tashi."